Gida Na Mai Shi Ne, Ko Na Unguwa?

Ran 15 ga Afrilu, 2005, Kotun Ƙoli ta ƙasar Indiya ta yanke hukunci a kan wata ƙara da ta taso daga birnin Ahmadabad na jihar Gujarat. Abin da ake jayayya a kai fili ne guda ɗaya da tsohon gida a bisansa. Amma tambayar da aka ajiye a gaban alƙalan nan biyu, B. N. Agrawal da P. K. Balasubramanyan, ta fi filin girma nesa ba kusa ba. Mutumin da ya gaji gida daga mahaifinsa, a cikin unguwar da wata ƙungiya ta gina domin mabiya addini ɗaya, yana da iko ya miƙa shi ga wanda ba na wannan addini ba? Kotu ta ce ba shi da iko. Tun daga ranar masana shari'a suke gardama a kan wannan amsa, kuma gardamar ta cancanci kowane iyali ya zauna ya yi tunani a kanta, gama ta taɓa abu uku da kowa yake riƙe da su da daraja, wato gādo, da alkawari, da maƙwabci.

Kafin a shiga labarin, ya kamata mai karatu ya fahimci yadda irin waɗannan ƙungiyoyi suke aiki. A biranen Indiya, musamman Mumbai da Ahmadabad, ɗimbin mutane suna zaune ne a gidajen ƙungiyoyin gama kai. Mutane sukan haɗa kuɗi, su yi rajistar ƙungiya, ƙungiyar ta sayi fili ta yanka wa mambobi, ko kuwa ta gina bene mai hawa da yawa ta raba musu ɗakuna. A irin tsarin da aka fi sani, ƙasar tana kan sunan ƙungiya ne. Abin da mamba yake da shi, shi ne hannun jari a ƙungiyar da kuma 'yancin zama a gidan da aka ba shi. Saboda haka idan ya tashi sayarwa, ciniki ba ya ƙarewa a tsakaninsa da mai saye. Dole kwamitin ƙungiya ya karɓi mai sayen a matsayin sabon mamba, a sauya suna a takardar hannun jari, sa'an nan magana ta tabbata.

A wannan ƙofa ce rigingimu suke taruwa. Waɗansu na kuɗi ne: kwamitoci sun riƙa neman kuɗi masu yawa kafin su yarda a sauya suna, har gwamnatin jihar Maharashtara ta ƙayyade a shekarar 2001 cewa kada kuɗin ya wuce rupi 25,000. Waɗansu na gādo ne: mamba yakan rubuta sunan wanda za a miƙa wa hannun jarinsa bayan ransa, sauran magāda kuwa su tashi su ce ba su yarda ba. A shekarar 2016 Kotun Ƙoli ta ce wajibi ne ƙungiya ta sauya suna zuwa ga wanda mamaci ya rubuta, amma wannan bai hana sauran magāda neman rabonsu a kotu ba. Waɗannan duka suna da nauyi, sai dai ba su kai rigimar Ahmadabad zurfi ba.

Ƙungiyar da ta kai ƙarar ta 'yan Farsi ce. (Kada a gauraya su da Farisiyawan da ake karantawa a cikin Linjila, ba abin da ya haɗa su sai kamannin suna.) 'Yan Farsi mabiya addinin Zarostar ne, kakanninsu sun baro ƙasar Farisa, wato Iran ta yau, fiye da shekara dubu da suka wuce, suka sami mafaka a gaɓar tekun Gujarat. Sun yi suna a kasuwanci da ilimi da taimakon jama'a, iyalin Tata ma daga cikinsu suke. Amma jama'a ce 'yar ƙarama, kullum kuma raguwa take yi. Ƙidayar shekarar 2001 ta sami mutum 69,601 a dukan Indiya, ta 2011 kuwa ta sami 57,264, a ƙasar da mutanenta suka haura biliyan ɗaya. A bisa al'adarsu ba su karɓar sababbin tuba, aure a cikinsu yakan yi jinkiri, haihuwa kuma kaɗan ce.

An yi wa ƙungiyarsu ta gidaje rajista a shekarar 1926. Cikin ƙa'idodinta akwai wadda ta ce ba mai zama mamba sai ɗan Farsi. Ba su kaɗai suka yi haka ba a wancan zamani. Ƙungiyar gidaje ta Saraswat da aka kafa a Mumbai a 1915 ta wani reshe ne na Barahmanawa, a 1918 kuma Kiristoci 'yan Katolika suka kafa tasu ta Salsette a unguwar Bandra. Kowace jama'a ta tara kuɗin 'ya'yanta ta yi musu matsuguni a birnin da baƙo ba shi da kowa.

Wani mamba ya rasu, gidan ya faɗa hannun ɗansa, ƙungiya ta karɓi ɗan a matsayin mamba tun da shi ma ɗan Farsi ne. Sai ya nemi izini ya rushe gidan ya gina wurin kasuwanci. Ƙungiya ta ƙi. Ya sāke neman izini ya gina benen zama wanda za a sayar wa 'yan Farsi kaɗai, aka ba shi a shekarar 1988. Shekaru suka wuce bai yi ginin ba, daga baya ƙungiya ta ji labari yana shirin miƙa filin ga waɗansu magina waɗanda ba 'yan Farsi ba. Nan shari'a ta fara. Kotun ƙungiyoyin gama kai ta jihar da Babbar Kotun Gujarat duka suka goyi bayansa, suka ɗauki ƙa'idar a matsayin tauye 'yancin mutum a kan dukiyarsa. Kotun Ƙoli ta juya wannan hukunci. Dalilanta a taƙaice su ne: tsarin mulki ya ba 'yan ƙasa 'yancin kafa ƙungiya, wannan 'yanci kuwa ya ƙunshi zaɓen waɗanda za a yi tarayya da su; mamba ya shiga ne da yardarsa, ya san ƙa'idodin; dokar miƙa dukiya ta 1882 ta haramta a hana mutum sayar da abinsa ɗungum, amma a nan ba a hana shi sayarwa ba, an dai taƙaita masa masu saye; dokar ƙungiyoyin gama kai ta jihar kuma ba ta fito fili ta haramta irin wannan ƙa'ida ba.

Duk wanda ya yi saurin cewa wannan wariya ce kawai, bai saurari ƙungiyar da kyau ba. Mutanen da suka kafa ta a 1926 ba su tara kuɗinsu domin jikokinsu su yi arziki da filaye ba. Sun tara ne domin tsohuwar da mijinta ya rasu ta sami maƙwabciya mai jin harshenta, domin yara su tashi kusa da masu yi musu bikin shiga addini, domin saurayi ya sami budurwa daga cikin jama'arsa. Jama'ar da ba ta kai dubu sittin ba, idan ta warwatse ɗaya ɗaya cikin birni mai miliyoyin mutane, ba sai an kore ta ba, da kanta za ta narke. Ƙungiyar kuwa ta san cewa idan fili ɗaya ya fita, magini zai dasa bene mai iyali ashirin ko talatin, waɗannan su zama mambobi masu ƙuri'a, gobe a sāke ƙa'ida, jibi a rasa abin da aka gina wurin dominsa. Sai bango ya tsage ƙadangare yake samun wurin shiga.

Littafi Mai Tsarki bai raina irin wannan tsoro ba. A Littafin Ƙidaya sura 27, 'ya'yan Zelofehad mata biyar suka nemi gādon mahaifinsu, aka ba su. A sura 36 shugabannin kabilar Manassa suka dawo da ƙorafi cewa idan matan nan suka yi aure a wata kabila, ƙasar za ta bi su ta fita. Aka amsa musu cewa suna da gaskiya, aka sa matan su zaɓi mazan da suke so, amma daga cikin kabilar mahaifinsu. Wannan taƙaitawa ce irin wadda kotun Indiya ta bayyana: ba a hana ba, an dai ja iyaka. Nabot ma ya ƙi sayar wa sarki Ahab gonar inabinsa, ko da an yi masa tayin wadda ta fi ta kyau, domin a ganinsa gādon kakanni ba haja ba ce. Mutum bai yi kansa ba, gidan da ya tarar kuma ba shi ya fara aza harsashinsa ba.

To, shi mai sayarwar fa? Akwai abin da za a faɗa a madadinsa. Kotu ta ce ya shiga da yardarsa, amma yardar magāji ba daidai take da ta wanda ya kafa ƙungiya ba. Zaɓin da yake gabansa shi ne ya sa hannu a ƙa'idodin ko ya rabu da gidan mahaifinsa. Bugu da ƙari, gidan da mutum dubu kaɗan ne suke da izinin sayensa ba zai yi kuɗin gidan da kowa yake iya tayawa ba, ƙa'idar tana cire masa wani abu daga aljihu kowace shekara da filaye suke ƙara tsada. Wannan hasara ce ta gaske, bai kamata a yi mata dariya ba.

Duk da haka hujjarsa ba ta da ƙarfi a wajen lamiri. Iyalinsa sun ci amfanin ƙungiyar shekara da shekaru, sun zauna cikin rufin asirin da gumin waɗansu ya saya. Da bakinsa ya nemi izinin gina wa 'yan Farsi, aka ba shi a kan wannan sharaɗi. Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski. Zabura ta 15 ta lissafta halayen wanda ya isa ya zauna a wurin Ubangiji, a ciki har da mutumin da yake cika rantsuwarsa ko da za ta jawo masa hasara. Ba kuwa domin wani marar gida ya sami wurin kwana ya ta da wannan shari'a ba, cinikinsa da magina ne. A tsakaninsa da ƙungiya, ƙungiya ce take da gaskiya.

Amma akwai mutum na uku wanda bai tsaya a gaban kotu ba, ba shi da lauya, sunansa kuma ba ya cikin takardun ƙara. Shi ne baƙon da yake yawo a birni yana neman gida da kuɗinsa a hannu. Hukuncin Kotun Ƙoli ba ya tsayawa a kan masu ƙara kaɗai, yakan zama ma'auni ga kowa. Kotun ba ta kafa hukuncinta a kan cewa 'yan Farsi kaɗan ne suna bukatar kāriya ba, ta kafa shi ne a kan 'yancin ƙungiya da 'yancin yarjejeniya, waɗanda mai rinjaye yake da su daidai da marar rinjaye. Idan jama'a mai mutum dubu hamsin ta keɓe wa kanta unguwa ɗaya, sauran birnin a buɗe yake ga kowa. Idan kuwa jama'ar da take riƙe da kashi takwas cikin goma na gidajen birni ta yi haka, unguwa bayan unguwa, to, ragowar mutane ba su da inda za su sa kai sai bayan gari. Kalmomin ƙa'idar iri ɗaya ne a takarda, aikinsu a ƙasa ya sha bamban. A wannan wuri ne hukuncin ya gaza, shi ya sa masana da yawa a Indiya suka soke shi.

Abin da ya ƙara wa maganar nauyi shi ne birnin da ta fito. Ahmadabad ta sha tarzoma tsakanin Hindu da Musulmi a 1969, da 1985, da 2002, kowace tarzoma kuma takan ƙara tura mutane su koma cikin nasu. Unguwar Juhapura da take gefen birnin ta cika ta batse da Musulmin da suka baro waɗansu unguwanni. A 1991 jihar Gujarat ta yi dokar da ta ce a wuraren da aka ayyana na tashin hankali, ba a sayar da gida sai da izinin babban jami'in gunduma. An yi ta ne domin kada a tilasta wa mai gudun rai ya sayar da gidansa a wulaƙance, amma da tafiya ta yi tafiya, mutane da yawa suka yi kukan cewa ta zama abin hana ciniki tsakanin mabiya addinai biyu ko da dukansu sun yarda. Zaman jama'a ɗaya a wuri ɗaya kuma bai zama garkuwa kullum ba. Ran 28 ga Fabrairu, 2002, aka auka wa ƙungiyar gidaje ta Gulbarg, inda Musulmi suke zaune, aka kashe mutum 69, cikinsu har da tsohon ɗan majalisar tarayya Ehsan Jafri. Katangar da ta tara su wuri ɗaya ba ta tsare su ba a ranar. Alƙalan da suka yi hukunci shekara uku bayan wannan suna magana ne a kan 'yan Farsi, amma ƙa'idar da suka kafa ta sauka a birnin da ya riga ya rabu.

Amurka ta bi ta wata hanya dabam. A 1926, shekarar da aka yi wa ƙungiyar Ahmadabad rajista, Kotun Ƙolin Amurka ta ƙyale yarjejeniyoyin da fararen fata suke ƙullawa na ƙin sayar wa baƙaƙe gida. A 1945 wani iyali baƙar fata ya sayi gida a birnin Sen Luwis, maƙwabta suka kai ƙara da wata yarjejeniya ta 1911. A 1948 kotun ta ce mutane suna iya rubuta abin da suka ga dama a tsakaninsu, amma ranar da alƙali ya sa ƙarfin hukuma ya fitar da iyali daga gida saboda launin fatarsu, hukuma ce ta yi wariyar. Dokar gidaje ta 1968 ta haramta wariya a ciniki da haya saboda launi ko addini ko asali. Duk da haka ta bar 'yar ƙofa: ƙungiyar addini tana iya keɓe wa mabiyanta gidajen da take riƙe da su ba domin kasuwanci ba, muddin shiga addinin ba a kan launi ko asali yake ba. Wato an mai da buɗewa ita ce doka, keɓewa kuwa togiya ce mai sharaɗi. Haka ma tushen gama kai yake. Masaƙan Rochdale da suka buɗe kantinsu a Ingila a 1844 sun bar ƙofa a buɗe, ƙawancen ƙungiyoyin gama kai na duniya kuma ya sāke tabbatar da wannan a taronsa na Mancesta a 1995, ya sa buɗaɗɗen shiga ba tare da bambancin addini ko launi ba a kan gaba cikin ƙa'idodinsa bakwai.

Wanda ya karanta Littafin Firistoci sura 25 a hankali zai tarar da wani bambanci mai ban sha'awa wanda ba a cika yin wa'azi a kansa ba. Gonaki da gidajen ƙauye suna komawa ga iyalinsu a shekara ta hamsin, ba a sayar da su har abada. Amma gidan da yake cikin birni mai garu, mai sayarwa yana da shekara ɗaya tak ya fanshe shi, in ta wuce ya zama na mai saye da zuriyarsa. Birni wurin haɗuwar mutane ne, shari'ar ba ta ɗaure gidajensa ga dangi ba. Togiya ɗaya aka yi, ita ce ta Lawiyawa: su kam suna iya fansar gidajensu na birni a kowane lokaci, gama ba a ba su yankin ƙasa kamar sauran kabilai ba, gidajen nan su ne abin da suke da shi. An ba da kāriya ta musamman ga waɗanda in sun rasa wurin sun rasa kome, ba a ba kowa da kowa ba. Annabi Ezekiyel kuma, a sura 47, da yake bayyana rabon ƙasa bayan bauta, ya sa baƙin da suka zauna suka haifi 'ya'ya su sami gādo a cikin kabilar da suke zaune. 'Yan Farsi na Ahmadabad sun fi kama da Lawiyawa. Da kotu ta ba su gaskiya a kan wannan dalili, ta kuma faɗi a fili cewa mai rinjaye ba zai fake da shi ba, da ta tsare ƙaramar jama'a ba tare da ta rufe wa baƙo birni ba.

Abin da ya ci Doma ba ya barin Awe. Dokar ƙungiyoyin gama kai ta farko a Nijeriya, ta 1935, ta biyo bayan rahoton C. F. Strickland ne, wani jami'in Ingila da ya yi wannan aiki a Indiya, saboda haka tsarin 'yan'uwan juna ne. Ma'aikata da 'yan kasuwa da mambobin ikkilisiyoyi suna haɗa kuɗi su sayi fili a gefen Abuja ko Jos ko Kaduna su yanka wa juna. Tun rikicin Kaduna na 2000 da na Jos na 2001, iyalai da yawa na kowane ɓangare suka sayar da gidajensu da araha, ko suka yi musaya, suka koma inda nasu suka fi yawa. Ba mai zargin wanda ya binne ɗansa don ya nemi maƙwabcin da zai iya barci kusa da shi. Amma tsoron shekara ɗaya dabam yake da ƙa'idar da aka rubuta a takarda domin ta ɗaure jikokin da ba a haifa ba. Tsarin mulki na 1999 ya ba da 'yancin ƙungiya a sashe na 40, ya kuma ba kowane ɗan ƙasa 'yancin mallakar gida ko fili a ko'ina cikin Nijeriya a sashe na 43. Kwamitin da yake rubuta ƙa'idodin ƙungiyar gidaje yana zaune ne a tsakanin waɗannan sassa biyu. Akwai hanyoyin da ba su kai rufe ƙofa ba: a ba ƙungiya damar fara tayi a farashin kasuwa kafin a sayar wa na waje, a hana mai da gidan zama wurin kasuwanci, a sa wa kowane sharaɗi wa'adin da za a sāke duba shi. Jama'ar da take da rinjaye a wani gari, ita ce 'yar tsiraru a garin da yake gaba da shi, ƙa'idar da ta rubuta a nan kuwa ita za a karanta wa 'ya'yanta a can sa'ad da aiki ko aure ya kai su neman gida.